Rumbun Fansa

A gidanmu akwai rumbun da ba a ci daga cikinsa. Yana bayan ɗakin kakata, a ƙauyenmu da ke gefen Gatawa. Rumbun ƙasa ne, irin wanda ake kafa wa tsani, a ɗage hular ciyawarsa a shiga ta sama. Duk shekara idan an yanke gero sai a kwaso tsohon da ke ciki a jera sabo, kuma sai a ranar ne tsohon yake halatta a kai shi turmi. Rumbun fansa muke ce masa. Haka na tashi na ji ana kiransa, kuma sai da na fara gemu sannan na lura gidajen maƙwabta ba su da irinsa.

Mai rumbun ban taɓa ganinsa ba. Wan kakata ne, uwa ɗaya uba ɗaya, ya bar gida yana saurayi tun kafin a san za a haifi ubana. Ba shi da kabari, ba shi da hoto, bai bar ɗa ba. Abin da ya bari shi ne rumbun nan da wata doka: in an ambace shi ba a cewa Allah ya jiƙansa, sai dai Allah ya maido shi. Ina yaro na taɓa yi masa addu'ar mamata, don haka na ji ana yi wa duk wanda ba a gani. Kakata ta kama kunnena ta murɗe shi murɗar da ban sake mantawa ba.

Tsohuwa muke ce mata, ita kuma mijinta take kirana, irin wasan kaka da jika. Mijin banza, in ji ta, wanda bai taɓa saya mata ko ɗankwali ba, sai dai ya shanye mata fura ya goge baki. Ni ma ba na raga mata. Nakan ce an cuce ni a auren nan, amarya ba haƙori ga faɗan tsiya. Mace ce ƙarama, mai zanen Gobirawa a kumatu, kuma babu abin da ba a wasa da ita a kansa, har likkafaninta da ta saya ta ajiye. Rumbun nan ne kaɗai in ka taɓo shi dariyar take ɗaukewa.

Labarin a bakinta na ji shi, gutsure-gutsure, yawanci tana kaɗin auduga. Ta ce tana yarinya, ba ta isa ɗaukar tulu ba, aka yi wata muguwar yunwa. Ruwa ya ɗauke tun gero bai yi bununi ba. Mutane suka tone gidajen tururuwa suna kwasar ɗan hatsin da suka tara, suka sussuke ƙarangiya suka ci. Ba a gama binne mutanen yunwar ba sai ga labari Turawa sun ɓata da junansu, Ingilishi da Faransa a gefe guda, Jamus a gefe guda, kuma ana neman samari masu ƙarfin wuya su ɗauki kayan soja zuwa ƙasar Kamaru. Dogarai suka bi ƙauyuka da bulala. Amma an ce duk wanda ya je za a ciyar da shi, kuma wannan maganar ta fi bulalar aiki.

Uwarsu ba ta ce masa tafi ba, ba ta kuma ce zauna ba. Ranar tafiyar ta dafa ɗan abin da ya rage a gidan ta raba musu. Shi kuwa ya tura wa ƙanwarsa nasa, ya ce ai za a ba shi a hanya. Duk lokacin da Tsohuwa ta iso nan sai ta tsayar da mazari ta ce, "Kuma na cinye." Daga nan ba ta ƙara komai sai wani jiƙon. Ya fita ba takalmi a ƙafarsa, tare da abokinsa ɗan maƙwabta, wanda aka yi musu kaciya rana ɗaya.

Abokin ne ya dawo, shi kaɗai, ƙashi da fata. Uwar ta tarye shi a ƙofar gida da ƙwaryar ruwa, ta tambaye shi ina ɗanta. Ya ce ya bar shi a hanya, zaune a gindin wani itace, ƙafafunsa sun kumbura, amma da ransa. Dattawa suka ja shi gefe suka ce ko dai ya rasu ne kana jin nauyin faɗi? Ya ce a'a, abin da ya gani ke nan, ba zai ƙara ba. Uwar ta kifar da ruwan a gabansa tun bai kurɓa ba. Daga ranar gidajen biyu ko gaisuwa ba sa yi. Bayan 'yan shekaru abokin ya tattara ya koma Kamarawa, can wajen Isa, ya yi aure ya zauna.

Sai kuma wata ranar kasuwa a Sabon Birni aka yi shela cewa yaƙi ya ƙare, Turawa sun yi sulhu. A nan ne uwar kakata ta yi kuskuren da sai Bagobira irinta za ta yi. Ita ta san sulhu. Ta tashi a zamanin da Sabon Birni da Isa ba sa ga maciji da juna, kuma ta ga yadda ake kashe wuta idan an gaji. Manya za su zauna, a buɗe hanya ga fatake, kowane ɓangare ya fito da waɗanda ya kama, dangi su kawo fansa su karɓi nasu. Wanda ya mutu a hannun abokan gaba sai a faɗi sunansa da inda aka rufe shi. Kawunta ma haka aka fanso shi. To ɗanta an bar shi da rai a ƙasar Jamus, ke nan Jamus sun tsince shi. Tunda an yi sulhu, saura a kira ta.

Ta taka har ƙofar hakimi ta tambayi inda za a yi zaman, don ta shirya. Wani malamin fada ya ce mata ai an riga an yi, can bayan ruwan gishiri. Ta ce wa ya zauna wa Gobir? Ya ce ba kowa. Ta ce to ai ba a gama ba ke nan, za su zo kan namu.

Shekaru da yawa bayan haka, da na samu ɗan karatu, na bi labarin zaman nan a littattafai. Na ga hoton babban ɗakin da suka taru a ƙasar Faransa, manyan mutane sanye da baƙaƙen kwat. Sun yi watanni suna ja-in-ja, sun raba ƙasashen Jamus, ita kanta Kamaru sun ja mata layi sun raba ta biyu. Na duba sosai, ban ga inda aka tambayi masu ɗaukar kaya ba. Har yau ban san ko itacen nan ya faɗa rabon Ingilishi ko na Faransa ba.

Da aka samu damina mai kyau sai uwar ta sa aka gina rumbu aka cika shi da gero. Hujjarta ita ce duk wanda ya riƙe mutum ya ciyar da shi, don haka hatsinsa za a mayar masa. Ta kuma sa baduku ya ɗinka takalma, aka naɗe su a fata aka ajiye a ƙasan rumbun, don kada ɗanta ya dawo gida da ƙafa kamar yadda ya fita. Da za ta rasu ta bar wa 'yarta wasiyya: kada a ci daga rumbun sai ya dawo, ko kuma wanda ya ga gawarsa da idonsa ya faɗa a gaban mutane. A wajenmu mace ba ta shiga rumbu, saboda haka Tsohuwa ba ta taɓa ganin cikinsa ba. Ubana ne yake shiga, da ya rasu aikin ya dawo kaina. Ni nake ɗaga takalman nan duk shekara in kakkaɓe in mayar. Sun bushe sun lanƙwashe, ba ƙafar da za ta shige su.

Farin da aka yi a zamanina ya same ni da mata da 'ya ɗaya, ba ta daɗe da yaye ba. Daminar farko muka samu rabin abin da muka saba, muka ce Allah ya kai mu baɗi. Baɗin ta zo, hadari ya riƙa haɗuwa a gabas kamar da gaske, sai iska ta watsa shi. Muka yi shuka ta ƙone, muka sake ta ƙone, har irin ya ƙare. Gulbi ya zama yashi. Mutanen Nijar suka fara gangarowa ta hanyar Maraɗi, waɗansu da 'yan shanun da ke faɗuwa a gefen hanya, waɗansu da tabarma kawai. Na sayar da awaki, jakina ya mutu, mai ɗakina ta sayar da kwanukan aurenta. An ce an kawo dawar agaji Sabon Birni, na je na yini a layi na dawo da abin da bai kai mu ko'ina ba. Muka koma jiƙa 'ya'yan anza, a yi ta canza musu ruwa har ɗacin ya ragu, sannan a dafa. Duk wannan ana yi, rumbun fansa yana cike da geron shekarar ƙarshe da aka yi ruwa.

Kada a ɗauka Tsohuwa mai ƙeƙasasshiyar zuciya ce. Rabonta take ɗurawa a bakin 'yata ta ce ita ta ƙoshi, har ta rame ta koma kamar kara. Amma yarinya ba ta rayuwa da anza. Gashinta ya yi ja ya fara zubewa, ta daina kuka, ta daina wasa. Wata safiya uwarta ta kira ni ta danna mata ƙafa da yatsa, wurin ya lotsa bai taso ba. Mun ga yaran maƙwabta da suka fara haka, mun kuma san inda suka ƙare.

Na je wa Tsohuwa da lallashi, na je da wasa, na ce amarya ki taimaki kishiyarki ƙarama. Ba ta yi dariya ba. Na kawo liman ya ce mata addini ya halatta, rai ya fi ajiya. Ta ce ta ji, amma wasiyyar uwarta tana da ƙofa, a kawo mata shaida kawai. Ranar da na ɗaga murya, na ce zan hau in kwaso ko tana so ko ba ta so, sai ta dube ni ta ce:

"Mijina, ƙarhi gare ka, ba ni iya hana ka. Amma ba ni ci, kuma ba ni yahewa. Na ci rabonai sau guda."

Na san za ta aikata. In na buɗe da ƙarfi zan ceci ɗaya in binne ɗaya. Mai ɗakina ta daina gaishe ta, ta ce mini a gidanku wanda babu shi ne yake da abinci. A lokacin na tsani mutumin nan da ban taɓa gani ba, tsana ta gaske. Nakan ji kamar yana zaune a bayan ɗakin, ya miƙe kumburarrun ƙafafunsa, yana kallon mu muna ramewa.

Shaida ɗaya ce a duniya, tana Kamarawa. Na kama hanya da ƙafa.

Ban sha wuyar samun gidan ba. Duk wanda na tambaya sai ya ce au, tsohon nan mai gaskiya? A garin, in an yi rikicin iyakar gona ko gado, shi ake kira. Ba a sa shi rantsuwa. In ya ce nan ne to nan ne, in ya ce bai gani ba, ko ɗansa ne zai yi asara, bai gani ba. Ina jin wannan yabo na fara ɗebe tsammani.

Na same shi a zaure yana tufkar igiya da kaba, dogo, ya ranƙwafa. Da na faɗi gidan da na fito sai ya ajiye igiyar, ya daɗe yana kallona, ya ce ina da goshin abokinsa. Ya sa aka kawo mini ruwa. Bai jira na tambaya ba ya fara, kamar wanda ya daɗe da shirya amsar.

Ya ce a ƙasar Kamaru ruwa ba ya ɗaukewa. Su da suka baro fari, sai ga su a inda ake ruwa safe da yamma, tufa ba ta bushewa, wuta ba ta kamawa. Itatuwa ba ka ganin ƙarshensu, rana ba ta isowa ƙasa. Akwatunan harsashi suke ɗauka a ka, a hau dutse a gangara cikin laka. Abincin da aka yi musu alkawari wani lokaci ya zo, wani lokaci ya ruɓe a hanya. Jamus kuwa bai taɓa ganin ko ɗaya da rai ba, sai dai a ji harbi a gaba a ce su kwanta. Ƙafafun abokinsa suka tsage, suka kumbura, har ya zama da sanda yake tafiya ga kaya a ka. Wata rana ya sauke akwatin ya zauna a gindin itace. Saje ya ɗora wa wani akwatin, ya ce a wuce.

"Na ba shi gorata," in ji tsohon. "Yac ce in tahi, shina tahe bayana. Dariya ma yay yi min. Da za mu komo, wata hanya anka biyo da mu. Ɗana, da rai nab bar shi. Abin da nag gani ke nan."

Ya ce babu irin roƙon da ba a yi masa ba a kan ya ce ya mutu, don a huta. Shi ma zai fi samun barci da ya ga gawar. Amma in ya ce ya mutu alhali bai gani ba, to ya bar shi sau biyu.

Ban roƙe shi ya canza magana ba. Na dai ba shi labarin rumbun, wanda ashe bai taɓa ji ba, da wasiyyar, da takalman. Da na zo kan takalman ya rufe fuska da tafin hannu. Na faɗa masa halin da 'yata take ciki, da yadda ƙafarta take lotsawa in an danna. Daga ni har shi mun san abin da ya kawo ni. Ya ɗauki igiyarsa ya ci gaba da tufka, ya ce in gaida gida. Na dawo ina jin haushinsa, ina kuma jin kunyar kaina.

Ba a yi mako ba sai ga shi da hantsi a kan jakin aro, jikansa yana jan akala. Rabonsa da ƙauyen tun yana saurayi. Ya sauka a ƙofar gidanmu ya tsaya, bai shiga zaure ba. Ya ce in faɗa wa mai gidan, wato Tsohuwa, cewa ya zo, kuma yana son liman da dattawa su kasance.

Aka shimfiɗa tabarmi. Liman ya zo, da dattawa biyu da yunwa ta bari da ƙarfin takowa. Tsohuwa ta zauna daga ciki, a bakin ƙofar da ke shiga tsakar gida, inda za ta ji ba tare da ta fito ba. A irin wannan zama ba a fara magana sai baƙo ya sha ruwan gidan, kuma kowa a wurin ya san abin da ya faru da ruwan farko. Muka yi ta jira. Can sai ga hannunta ya turo ƙwarya ta ƙarƙashin asabari. Na ɗauka na miƙa masa. Ya karɓa ya shanye tas.

Kafin ya yi magana ya ce a kawo masa yarinyar. Uwarta ta miƙo mini ita, na ɗora ta a cinyarsa. Bai dubi fuskarta ba, ƙafafunta ya riƙe, duka biyun a tafin hannu ɗaya, ya daɗe a haka. Sannan ya mayar mini da ita, ya gyara zama ya fuskanci liman.

"Ku shaida," in ji shi. "Na ga gawatai. Na komo baya da marece nit tarar ya cika. Ni nar ruhe shi da hannuna, gindin itacen."

Liman ya tambaye shi me ya hana shi faɗa tuntuni. Ya ce tsoron idon uwarsa. Yana maganar yana kallon tabarma, yana murza gwiwarsa da hannu.

Ina jin numfashin 'yata a kafaɗata, gajere-gajere. Ban taɓa jin tsoron shiru kamar na ranar ba, don in Tsohuwa ta yi masa tambaya ɗaya ta kirki maganar za ta rushe. Ba ta yi ba. Muryarta ta fito daga bayan asabari, a hankali, ba kuka a ciki.

"Allah shi jiƙan shi."

Tunda aka gina gidan ba a taɓa faɗin wannan kalma a kansa ba. Liman ya ɗaga hannu aka yi addu'a aka shafa. Tsohuwa ta ce a fito da geron a yi wa mamaci sadaka, a fara da yaran gidan da na maƙwabta.

Na kafa tsani na hau, na ɗage hular na shiga. Ƙanshin tsohon gero ya buge ni har sai da na dafa bango. Na riƙa miƙo dammuna ana karɓa a ƙasa. Kafin la'asar an ji ƙarar turmi a gidanmu, mata suka riƙa leƙowa ta katanga. Da na kai ƙasan rumbun na ɗauki ƙunshin takalman. Kayan mamaci ba a ajiye su, sadaka ake yi da su ko a raba. Na leƙo ta sama na ga Tsohuwa tsaye a gindin tsani da sandarta, na nuna mata, na ce ga waɗannan ma.

"Hatsi nac ce ka hiddo," in ji ta.

Na mayar da su inda suke na rufe.

Tsohon bai yarda ya kwana ba, bai kuma ci komai ba. Tsohuwa ta yi masa rakiya har bakin gari, su biyu suna dogara sanda, jikansa da jaki a gaba, ni a baya nesa kaɗan. Ban ji sun yi wata magana ba. Da za su rabu ta ce ya gaida gida, ya ce gida zai ji. A hanyarmu ta dawowa, ba tare da ta dube ni ba, ta ce tun suna yara mutumin nan bai iya ƙarya ba. In ya saci gyaɗa aka tambaye shi, sai ya kama murza gwiwa. Ta ce in yi sauri in ga ko kunun yarinyar ya huce.

'Yata ta tashi. Ba nan da nan ba, sai da muka yi ta fama da kunu cokali-cokali, amma kumburin ya saɓe, gashinta ya dawo baƙi. Yaran maƙwabta da dama ma sun ga damina albarkacin rumbun nan, waɗansu kuma ya zo musu a makare. Mai ɗakina ta koma gaida Tsohuwa, har tana yi mata kitso.

Daga Kamarawa kuwa labari ya riƙa zuwa. An ce tsohon ya daina zuwa shaida. In an kira shi rikicin gona sai ya ce a nemi wani, shi ba abin dogara ba ne. Mutane suka ɗauka tsufa ne. Ya bar sahun gaba a masallaci ya koma can baya kusa da takalma. Bai ga girbin da ya biyo baya ba. Na je gaisuwa, na zauna a zauren nan, igiyar da bai gama ba tana rataye a ƙusa. Ana ta yabon gaskiyarsa, ni kaɗai a wurin na san abin da ya kashe ta a kai, kuma 'yata ce take yawo da shi a tsakar gidanmu. Har yau in na tuna shi ban san ko godiya nake ji ko baƙin ciki ba.

Shekarar da ruwa ya dawo muka samu gero mai kyau. Ranar da aka kawo dammunan farko daga gona aka zube a tsakar gida, 'yata tana tsalle a kansu, ni kuma ina tunanin yadda zan gyara tsohon rumbun in mai da shi na gida kamar sauran. Sai Tsohuwa ta fito daga ɗaki. Ta zagaya dammunan tana taɓa su da sanda, ta zaɓi wanda ya fi kowanne cika, ta nuna mini bayan ɗakinta.

Na ce, "Tsohuwa, ai an yi masa addu'a. Da bakinki kika yi."

"Na yi," in ji ta. "Wannan don yarinya ta. Shi ko in ya taho, da yunwa za shi taho."

Na ɗauki damin na kafa tsani. Tsohuwa ta daɗe da rasuwa yanzu, 'yar tawa ma ta yi jikoki, kuma ba wanda ya bar mini wasiyyar komai. Amma bana ma da aka yanke gero na sa an ɗora mini dami ɗaya a rumbun, kusa da takalman.